Malamin almara a hannun masu buga littafi na Kaduna

Akwai wani nau'in littafin almara da ke wahalar da ƙananan gidajen buga littafi a Kaduna: labarin malamin da ya ja da sarki a wata ƙasa ta ƙirƙira, aka kore shi, ya rasu a gudun hijira, almajiransa suka ci gaba da yawo da takardunsa a ɓoye. Marubutan ba su rasa abin dogaro a tarihi ba. Abdullahi ɗan Fodiyo ya bar rundunar jihadi ya nufi Kano saboda abin da ya gani na son duniya a wajen shugabanni, Sa'adu Zungur kuma har ya rasu a 1958 waƙa ce makaminsa. Don haka irin wannan littafi yakan zo da kaya uku bayan zuben labari: wasiƙu ko baitocin malamin da ajami, taswirar ƙasar, da silsilar almajirai. A kan waɗannan ake gane gwanintar gidan bugu.

Zuben boko ba ya ba su wuya. Girman A5, takarda mai nauyin giram 70 ko 80, bango mai giram 250 zuwa 300 da aka lulluɓe da leda, duk suna fitowa tsaf, kuma injin dijital ya sa ana iya buga kwafi 50 ba sai an yi farantin bugu da babban inji ke amfani da shi ba. Abin lura ɗaya shi ne haruffa masu ƙugiya. Idan marubuci ya kai aikinsa a Word, aka buɗe a kwamfutar shago da ba ta da salon haruffan da ya yi amfani da shi, ɓ da ɗ da ƙ sukan koma akwatuna, ko su fito da siffa dabam a tsakiyar kalma. Salon haruffa na Charis SIL da Gentium suna da su duka. A kulle aikin a PDF tare da haruffan a ciki, a kuma hana kowa sake jera shi.

Ajamin ne inda aka fi yin ɓarna, kuma abin takaici, a nan ne ran littafin yake, tunda muryar malamin ke nan. Mafi yawan shagunan da manhajar zane ta CorelDRAW suke aiki. Idan ba a saita ta don rubutu daga dama zuwa hagu ba, haruffan sukan rabu da juna, su kuma juya baya, mai aikin da bai iya karatun ba ba zai ga laifin komai ba. Ko an daidaita wannan, saura salon. Yaron shago zai zaɓi rubutun Larabci irin na gabas, fa da ɗigo a sama, ƙaf da ɗigo biyu. Wanda ya yi makarantar allo ya san namu ba haka yake ba: fa ɗigonta a ƙasa, ƙaf ɗigo ɗaya a sama, ga kuma ɗigon imala da ke ba da wasalin e. Malamin da aka ce ya yi karatu a zaure, sai ga wasiƙarsa da hannun jaridar Alƙahira, ai an tona asirin labarin. Salon haruffa mai suna Alkalami, na ƙungiyar nazarin harsuna ta SIL, an zana shi ne a kan hannun Kano, shi ya dace. Wanda ya fi shi kuwa, a ba wani alaramma mai kyan hannu ya rubuta da tawada da alƙalamin kara, a ɗauki hoton a injin sikan a kan 600 dpi (ɗigo 600 a kowane inci), baƙi da fari zalla. Idan aka ɗauka da launi, farin takardar yakan fito toka-toka a bugu.

Taswira kuma matsalarta wurin haɗin shafi. Ana son a shimfiɗa ta a shafi biyu, amma ɗaurin gam yana cinye 'yan milimita a tsakiya, sau da yawa ma daidai inda aka zana birnin sarki. A bar kusan milimita 10 a kowane gefen tsakiya babu sunan gari, ko a mayar da taswirar shafi ɗaya. Silsilar almajirai ba ta da rigima, sai dai layukan da suka yi siriri sosai sukan yanke.

Ɗaurin kansa matsakaici ne. Littafi mai shafi 208 falle 104 ke nan, kaurinsa a takardar giram 80 wajen santimita ɗaya, kuma gam mai zafi da akasari ake sawa yakan riƙe shi da farko. Hunturun Kaduna ne ke gwada shi: gam ya bushe ya tsage, bango ya nannaɗe, falle ya fara zubewa daga tsakiya. Wanda ke son littafin ya jure aro daga hannu zuwa hannu ya biya kuɗin ɗinki da zare kafin gam. Idan za a yi bugun faranti na kwafi masu yawa, a daidaita yawan shafi ya rabu 16-16 ba saura, in ba haka ba za a biya kuɗin fararen shafuka.

Lambar ISBN, wato lambar shaidar littafi, daga Ɗakin Karatu na Ƙasa ake samunta, gara marubuci ya nema da kansa tun kafin a zana bango. Sannan kada a ba da izinin bugu sai an karɓi kwafin gwaji guda, ɗaurarre, an ba mai karanta ajami ya bi baitocin ɗaya bayan ɗaya, an kuma buɗe shafin taswira an danna shi a kan tebur a ga ko gam zai saki.