Fawwaha da man na'a-na'a: kaya mai kyau, amma ba a gidan da ake kiwon bushiya ba

A shagunan attara (masu sayar da turare da kayan ƙamshi) na Balad a Jidda, da saidaliyya, wato shagon magani, da manhajar Noon, ana sayar da kayan nan biyu a kwali ɗaya: ƙaramar na'urar feshin ƙamshi da Larabawa ke kira fawwaha, da kwalbar man na'a-na'a mai mililita 10. Mutanenmu na unguwannin Karantina da Sabil a Jidda, da na Shara Mansur a Makka, suna sayenta don kashe warin shaƙƙa, wato gidan haya, da korar ɓera da kyankyaso. A gidan da babu dabba, ta ci kuɗinta wajen ƙamshi. A gidan da yara suka matsa aka sayo musu bushiya kuwa, kada a kunna ta a ɗakin da kejin yake, ko da minti goma ne.

Na'urar kanta ba ta da wani aibu. Tankin ƙanana yana cin ruwa mililita 100, na manya 300. A gindin tankin akwai wani ɗan faifai da ke karkarwa fiye da sau miliyan a daƙiƙa ɗaya, shi ke farfasa ruwa ya tashi kamar hazo. Ba ta dafa ruwan, ba ta yin ƙara, kuma yawancinsu suna kashe kansu idan ruwa ya ƙare. Ɗigo 3 zuwa 5 a ruwa mililita 100 ya ishi ɗaki. Matsalarta biyu: ruwan famfo mai gishiri yana barin farin datti a kan faifan har hazon ya ragu, sannan man yana cin roba mai arha idan aka bar shi ya kwana a ciki. Duk mako a zuba ruwan khal rabi da ruwa rabi, a bari minti 10, a goge faifan da auduga.

Sai dai yadda take aikin shi ne abin da ya sa ba ta dace da bushiya ba. Hazon nan ba ƙamshi ba ne kawai, ƙananan ɗigon mai ne ke yawo a iska, kuma abin da ya tashi sai ya sauka. Yana sauka a kan tayil, da shimfiɗar keji, da kwanon ruwa, da ƙayoyin dabbar. Ga shi gidajen nan a rufe suke ruf saboda zafi, mukayyif, wato na'urar sanyaya ɗaki, irin na bango kuwa ba ya shigo da sabuwar iska, wadda ke ɗakin yake ta juyawa. Mutum yana tsaye hancinsa na kusan mita ɗaya da rabi daga ƙasa. Bushiya hancinta a ƙasa yake, tana shinshina duk abin da ta taka.

Man da ke kwalbar daga na'a-na'a mai yaji ake tatso shi, wanda masana tsirrai ke kira Mentha piperita. Sinadarin mentol a cikinsa yana kai kashi 30 zuwa 55 cikin ɗari, menton kashi 14 zuwa 32, sai kuma ɗan fulegon da mentofuran, waɗanda hanta ke wahala wajen sarrafawa. Busasshen ganye man da ke cikinsa bai wuce kashi 1 zuwa 3 ba, saboda haka kada a haɗa ɗigon kwalba da ganyen da ake jefawa a shayi. Bushiyar da aka fi sayarwa ita ce ta Afirka mai farin ciki, Atelerix albiventris, wadda asalinta dazukanmu ne tun daga Senegal har Sudan, nauyinta giram 300 zuwa 600. A ɗauki mai giram 400. Mutum mai kilo 70 ya ninka ta sau 175. Ɗigo ɗaya a jikinta daidai yake da ɗigo 175 a jikin wannan mutumin, wato kusan kwalbar gaba ɗaya, tunda mililita 10 ɗigo 200 ne ko kusa da haka.

Akwai kuma wata ɗabi'a tata da ke ƙara dagula lamarin. Bushiya ba ta gani sosai, da hanci da kunne take rayuwa. Idan ta ji baƙon wari ba gudu take ba, sai ta je ta lashi abin, ta tauna, bakinta ya cika da kumfa, ta murɗa wuya ta shafa kumfar a ƙayoyin bayanta, wani lokaci har ta faɗi gefe don lanƙwasa. Wanda bai saba ba sai ya zaci farfaɗiya ce, alhali halinta ne. Amma ma'anarsa ita ce duk ɗigon da ya zuba a kan tayil, ko audugar da aka jiƙa aka cusa bayan firji don ɓera, ita za ta nema da kanta, ta haɗiyi rabi, ta shafa rabi a fata. Mentol yana ƙona baki da ido, yana kuma taɓa jijiyoyin fata masu jin sanyi, dabbar ta ji kamar an sa ta a ƙanƙara. Mai irin wannan, idan ya bi ta maƙogwaro ya faɗa huhu, yana jawo ciwon huhu.

A karanta takardar kwalbar, don ba duk mai hoton ganye ba ne abu ɗaya. Wasu man na'a-na'ar gona ne, Mentha arvensis, mai arha, shi ma cike da mentol. Wasu turare ne na haɗi da aka narka a wani sinadari. Mafi muni su ne masu rubutun «don numfashi» ko «don ciwon gaɓoɓi», domin a ciki ake samun man turare na yukaliftus, da kafur, da man tea tree, wanda masu kiwon bushiya a ko'ina suka san guba ne gare ta. Rubutun «na asali ɗari bisa ɗari» ba kariya ba ne. Ƙarfin man ne matsalar, na asalin ya fi ƙarfi.

Game da ɓera, abin da aka rubuta a kwali ya fi abin da ke faruwa. Warin yana damunsa kwana ɗaya ko biyu, man ya bushe, ya dawo. Ɓeran gida yana kutsawa ta ramin da bai fi milimita 6 ba, faɗin fensir. A toshe irin waɗannan da soson ƙarfe, musamman gefen bututun kicin da inda igiyar mukayyif ta ratsa bango, a rufe abincin bushiyar a roba mai murfi, a kwashe ragowar da safe. Gam ɗin ɓera da maganin kyankyaso su ma kada su kasance a ɗakin da ake sakinta ta zaga, kuma kyankyason da ya ci magani bai zama abincinta ba.

Ɗanyen ganye fa? Idan ta ɗan tsinki gefen ganyen na'a-na'ar shayi sau ɗaya, ba abin tayar da hankali ba ne, a dai sa ido a kashinta. Amma ba abincinta ba ne, ita mai cin ƙwari ce, ba ta ƙaruwa da komai daga gare shi. Habaƙ na Madina da ake so a shayi wani iri ne daban, Mentha longifolia, kuma akwai nau'insa mai fulegon da yawa, don haka a nesanta tukunyarsa. Alawar minti, cingam da man goge baki sun fi ganye haɗari: ko sukari, ko sinadarin zaƙi na zailitol, ga ledar da za ta iya haɗiya. Wanda ya shafa Vicks ko man zafi ya wanke hannu da sabulu marar ƙamshi kafin ya ɗauke ta.

Alamun da ake dubawa idan an riga an kunna: atishawa a jere, majina, numfashi mai ƙara ko da buɗaɗɗen baki, ido ja, dalalar miyau da ba ta tsayawa, koren kashi, ƙin abinci, da tangaɗi. Kumfar shafa ƙaya minti kaɗan take ɗauka dabbar ta ci gaba da harkarta, dalalar guba kuwa tana zuwa da kasala. Tangaɗi shi ma ba man kaɗai ke jawo shi ba, sanyi ma yana jawo shi. Bushiya tana son ɗumi na digiri 24 zuwa 27, idan mukayyif ya kai ɗaki 18 sai jikinta ya mutu ta fara layi. A taɓa cikinta: in ya yi sanyi, a ɗumama ta a hankali a jikin mutum cikin riga, ba da ruwan zafi ba.

Idan man ne, a kashe fawwaha, a fitar da dabbar zuwa ɗakin da ba a fesa ba, a buɗe taga, a canza shimfiɗa da ruwan sha. In ya taɓa fata, a wanke da ruwa mai ɗumi wanda bai wuce tsayin ƙafafunta ba, da ɗigo ɗaya na sabulun jarirai marar ƙamshi, a bi ƙayoyin da burushin haƙori mai laushi daga kai zuwa baya, a ɗauraye sosai, a busar da tawul. Kada a sa ta amai, kada a ba ta madara, don cikinta ba ya narkar da ita, zawo kawai za a ƙara mata. A ɗauki kwalbar tare da ita zuwa likitan dabbobi a ranar, a kuma yi waya tukuna a tambaya ko suna duba «gunfuz», wato bushiya da Larabci, domin asibitocin dabbobi da yawa kyanwa da tsuntsu suka fi sani.

Masu sayen man don ƙaiƙayi da zubar ƙayar bushiya, su ma su ajiye kuɗinsu. Yawanci ƙananan ƙwarin fata ne irin Caparinia, maganinsu selamektin da likita ke ɗigawa a fatar baya gwargwadon nauyi. Warin keji kuwa daga faifan gudu yake fitowa, wato abin juyawan da take motsa jiki a ciki, don tana kashi tana gudu: a wanke shi kowace safiya, a goge kejin da ruwan khal rabi da rabi duk mako. Turaren wuta da bakur a yi su a falo, ƙofar ɗakinta a rufe da tawul a ƙasan ƙofa, sai hayaƙin ya washe a buɗe.