Baƙar Karant, Ja Ko Fara: Wacce Za Ta Yi A Birnin Kebbi?

Hajiya, barka da war haka. Na ga tambayarki tun daren jiya, na bari sai da na dawo daga fadama don in amsa a natse. Kin ce ɗanki da ke karatu a Ingila ya kawo miki jam na waɗannan ƙananan 'ya'yan itace da Turawa ke kira karant, kin ji daɗinsa, sai kuma kika ga ana tallar irin a intanet kala uku, baƙi da ja da fari. Kina son sanin wanne ya fi dacewa da bayan gidanki a Gesse, inda kike da rijiyar burtsatse da inuwar dogon yaro.

Zan jera miki su gefe da gefe yadda kika nema, amma kada ki tura wa kowa kuɗi sai kin kai ƙarshe.

Da baƙar da jar dangi ne, sai dai kowacce da halinta. Farar kuwa ba wani iri ne daban ba, jar ce da ba ta yi launi ba, tsaminta ya ɗan fi sauƙi, renonsu ɗaya. Don haka gasar tsakanin biyu ce. Dukansu ba bishiyoyi ba ne. Rassa ne da yawa ke tashi kusa da ƙasa kamar sabara, tsayin bai cika wuce mita ɗaya da rabi ba, saiwar kuma a sama-sama take, ba ta nutsawa neman ruwa.

Wajen ɗanɗano baƙar ce mai suna. Duk wanda ya taɓa shan Ribena ya san ta, domin da ita ake yin sa tun 1938 a Ingila. Tana da ƙamshi mai ƙarfi, har ganyenta in ka murza a yatsa sai ya kama hannu. Ɗanya tana da tsami da ɗan bauri, ba kowa ke iya cin ta haka nan ba, sai an dafa da sukari. Jar ba ta da wannan ƙamshi, tsami ne tsantsa mai wartsake baki, amma ta fi kyan gani nesa ba kusa ba: 'ya'yan suna reto a jere kamar jan carbi, haske na ratsa su har ana hango ƙwayar ciki. Tsuntsaye ma sun san da haka, shi ya sa masu ita ke lulluɓe ta da raga in ta fara nuna. A sinadarin bitamin C kuwa tazarar babba ce. Giram 100 na baƙar na ɗauke da kusan miligiram 180, jar wajen 40, lemon zaƙi kuma 50 da 'yan kai. Wannan ne ya sa a yaƙin duniya na biyu, da lemo ya daina isa Birtaniya ta ruwa, gwamnatinsu ta riƙa raba wa ƙananan yara ruwan baƙar karant.

Aski ma ya raba su. Baƙar ta fi yin 'ya'ya a reshen da ya fito bara, don haka duk shekara ana sare kusan kashi ɗaya cikin uku na tsofaffin rassa tun daga gindi domin sababbi su taso. Jar a tsohon reshe take haihuwa, mai shekara biyu ko uku, sai a bar mata manyan rassanta a riƙa rage na gefe kawai. In aka yi wa jar askin baƙar, an zubar da amfanin shekara. Baƙar ta fi cin taki da shan ruwa, jar ta fi haƙuri da inuwa. Gindi ɗaya da ya kankama yakan ba da wajen kilo huɗu. Sunayen da za ki ci karo da su a tallan, irin su Ben Sarek da Ben Lomond, baƙaƙe ne da aka samar a Sikotland, Rovada da Jonkheer van Tets kuma jajaye ne daga Holan.

To, a nan gizo ke saƙa. Dubi inda waɗannan sunaye suka fito, ki kuma dubi manyan masu nomanta a duniya, Rasha da Foland da Yukren. Karant itaciyar ƙasar ƙanƙara ce. In sanyi ya shigo sai ta zubar da ganye ta kwanta barci, kuma ba ta farkawa yadda ya kamata sai ta tara awannin sanyin da jikinta ke bukata, sanyin da ke ƙasa da digiri 7 a ma'aunin Salshiyas. Mai sauƙin cikinsu na neman awa 800, wasu baƙaƙen sun haura 1,500. Awa 800 kwana 33 ke nan da 'yan awanni, dare da rana, a yanayi irin na cikin firji. Mu kuwa hunturun da ke sa mu hura wuta a ƙofar gida muna rawar ɗari, da asuba yakan tsaya ne wajen digiri 13 zuwa 16, kafin azahar an koma 30. Awannin da take nema ba ma tara su, ko da an yi shekarar da leɓe ke tsagewa. In ba ta samu ba, idanun reshe ba sa buɗewa tare, wasu ma ba sa buɗewa sam, fure ya yi ƙaranci, 'ya'ya kuma sai dai labari. Manoman alkamarmu sun san ƙanin wannan zance: shekarar da hunturu ya yi laushi ko aka makara shuka, zangarniya ba ta cika. Ita alkama sanyin namu na isar ta, karant ko kusa.

Sai kuma bazara. Ganyen karant na fara wahala da zarar zafi ya wuce digiri 30, mu kuwa a Afrilu 40 ba abin ba da labari ba ne. A wannan fannin jar ta ɗan fi baƙar juriya, amma fifikon na wanda ɗan'uwansa zai riga shi mutuwa da mako biyu ne. Inuwar dogon yaro za ta tare rana, ba za ta tare iska mai zafi ba. Rijiyar burtsatse kuma ruwa take bayarwa, ba sanyi ba.

Ba a takarda kaɗai na san wannan ba. Shekarun baya ni ma kwaɗayi ya ja ni na sayi ƙwayar baƙar daga wani mai talla a intanet. Ƙwayar ba ta tsirowa sai ta yi wajen wata uku cikin sanyi da danshi, sai na cuɗa ta da jiƙaƙƙen yashi a leda na tura can ƙasan firji, kusa da kullun uwargida. Kin san halin wutarmu, rabin kwanakin nan firjin kabad ne kawai. Duk da haka 'yan ƙwayoyi suka fito a ƙarshen Janairu, da ganye mai yatsu kamar na ƙaramar kuɓewa. Na jera su a bokitan fenti ƙarƙashin mangwaro, ina ba su ruwa safe da yamma kamar masu jego. Wani dattijo da ke taya ni aikin lambu a nan Argungu ya tsuguna ya dube su ya ce, "Malam, wanga icce ba na ƙasarmu ba na, ka ga yadda shika jin kunyar rana?" Na yi dariya. Da Maris ya raba, gefen ganyen ya fara ƙonewa ya koma kalar busasshen lalle, yana naɗewa ciki, in ka taɓa ya marmashe. Kafin ruwan farko babu ko ɗaya. Kuma ko da sun rayu, abin da aka shuka daga ƙwaya ba ya gado uwarsa sak. Masu nomanta reshe suke yanka su dasa.

Akwai ta huɗu da ba ki ambata ba, kuma ita ce ke rikita mutane. Ƙananan baƙaƙen busassun 'ya'yan da ake zubawa a kek, waɗanda su ma a jikin leda ake rubuta musu karant, ba dangin waɗancan ba ne ko kaɗan. Zabibi ne, wato busasshen inabi ƙanana marasa ƙwallo daga ƙasar Girka, sunan ma daga birnin Korinti ya samo asali. In shi ne abin da ke ranki, to magana ta canja, domin inabi na yi a Arewa. Mutanen Kudan a jihar Kaduna sun mayar da shi sana'a. Shi ba ya jiran ƙanƙara, aski ne ke tashinsa: a datse shi bayan ɗaukewar ruwa wajen Oktoba, ya yi toho da fure cikin hunturu, a tsinka kafin zafi ya yi tsanani ko a farkonsa. Yana son rumfa mai ƙarfi ta ƙarfe da waya, rana sosai, ƙasa mai tsane ruwa, da ido a kan gara da tsuntsaye. Aiki ne, ba na musu, amma aikin da ake ganin ladansa.

Idan kuma abin da ya burge ki a jam ɗin nan tsamin ne da launin, abin da kike nema yana kasuwar Birnin Kebbi ana auna shi da kwano. Zoɓo nake nufi, suren nan namu. Abin dariya, shi ma kala uku gare shi, mai duhu kamar baƙi, ja mai haske, da fari. Ki sa shi gefe da karant ki gani. Waccan sai shekara ta biyu ko ta uku take fara haihuwa a ƙasar da ta karɓe ta, shi kuwa a shuka a Yuni ko Yuli, a ci ganyen a miya da fate tun damina, a tsinke zoɓon a Nuwamba zuwa Disamba, ƙwayar ma a yi daddawar batso da ita. Ɗanyen zoɓo da aka ɓare aka dafa da sukari da 'yar citta yana kama jikinsa ya zama jam ba tare da an ƙara masa komai ba. Ba zan ce miki ƙamshinsu ɗaya da baƙar karant ba, don ba ɗaya ba ne, waccan ta fi shi nauyi a hanci. Amma a kan burodi da safe, jar karant ba ta fi shi da komai ba.

In kuwa bitamin C ne, gwaiba ta wuce baƙar karant ɗin ma, tana haura miligiram 200 a giram 100, ga ta kuma ba ta tsoron Afrilu muddin tana shan ruwa. Gindi ɗaya kusa da inda ruwan alwala ke gangarawa ya isa gida.

Wadda na fi so in ga kin gwada ita ce magarya mai aure. Ana ɗauko reshen manyan irin Indiya, kamar wanda ake kira Gola, a aura shi a kan gindin magaryarmu ta daji, sai a sami 'ya'ya manya kamar ƙwan zabo masu garas-garas a baki. Maƙwabtanmu na Nijar suna kiranta tuffar Sahel, cibiyar binciken noma ta ICRISAT da ke Sadore kusa da Yamai ta yi aiki sosai wajen yaɗa ta. Halinta kishiyar karant ne ta kowace fuska. Waccan barcin sanyi take yi, wannan barcin zafi: ta zubar da ganye a bazara, a yi mata aski mai tsanani a lokacin, ruwa na sauka ta yi sabon toho, ta ba da 'ya'ya cikin hunturu. Tana fara haihuwa cikin shekara ɗaya zuwa biyu da dasawa. Aibinta biyu, ƙaya, da ƙudan da ke sa wa 'ya'yan tsutsa, don haka a riƙa tsince waɗanda suka faɗo ana binnewa. A kuma riƙa cire duk tohon da ya fito ƙasa da wurin auren, in ba haka ba ta dajin za ta ƙwace gindin.

Faru da ɗinya su ma suna ba da ƙananan 'ya'ya masu duhu, farun ma a cure kamar inabi, amma manyan itatuwa ne masu cin fili da shekaru, ba na bayan gida a cikin gari ba.

Abu ɗaya da zan roƙe ki: in mai sayar da dashe a bakin titi ya nuna miki tsiro a leda ya rantse karant ce kuma tana yi a nan, ki nemi ya kai ki inda uwar take da 'ya'ya a jikinta. Sau da yawa malberi ce, ita kuwa tana yi, 'ya'yanta dogaye ne masu ƙuraje-ƙuraje, ba mulmulallu ba. Ba laifi ki saye ta da sunanta da kuɗinta. In kuma kin riga kin biya kuɗin ƙwayar, ki ba jikoki su shuka a bokiti cikin Disamba su sha kallo, amma wurin nan mai kyau kusa da famfo ki ajiye wa gwaiba ko magarya. Ramin a haƙa shi tun Mayu, a cika da ruɓaɓɓen takin shanu ya huce, a dasa in ruwa ya zauna a Yuli.