Sharhi: majigin daren Asabar a Yamai da fim ɗin 'yan Babule

Kuɗin shiga dala 100 ne (wato sefa 500), kuma ban yi da-na-sanin biya ba. Wasu samari ne masu son sinima ke shirya abin a farfajiyar wani gida, da farin ƙyalle a bango, tabarmi a gaba, bencuna a baya. Hoto ya fita tas. Sautin ne bai gamsar ba, ƙarar injin wuta tana danne lasifika.

Sun nuna Les Maîtres fous na Jean Rouch, Bafaranshe mai shirya fim, wanda ya fito a 1955. 'Yan ƙasarmu Nijar ne a cikin fim ɗin, waɗanda suka tafi cin rani Akara: 'yan dako, masu haƙa rami, masu turin kaya a kasuwa. Ranar Lahadi sai su fita bayan gari, iskokin Babule (iskokin bori masu siffar Turawan mulkin mallaka da ma'aikatansu) su hau su, wannan ya zama Gwamna, wancan Kofur, wani matar likita. Abin da ya riƙe ni shi ne wurin da aka fasa ƙwai a kan gunkin Gwamna, nan take hoto ya tsallaka zuwa faretin Turawa, ga farin gashin tsuntsu yana zubowa daga hular gwamnan gaske. Wurin ya yi tsit. Washegari kuma sai ga mutanen da kumfa ta cika wa baki jiya, sun koma bakin aiki a titi suna murmushi.

Amma muryar Rouch ce ke magana tun daga farko har ƙarshe, da Faransanci. Shi ke faɗa mana abin da iska ta ce, masu abin ba a ba su baki ba. Wannan ya ci mini rai ƙwarai. Da aka kunna fitila, wata tsohuwa 'yar Filinge ta ce wa saurayin da ke jagorantar hira: "Ɗana, ba wasan kwaikwayo suke ba, wanda aka hau bai ma san abin da ya yi ba." Bayaninta a kan girka ya fi na fim ɗin amfani a wurina.

Masu shiri su nemi mai fassara da Hausa da Zabarmanci, don rabin zauren ba su bi Faransancin ba. Su kuma riƙa gargaɗi tun a bakin ƙofa: akwai yankan kare da cin namansa, ga yara zaune a tabarmar gaba.