Sharhi Kan Faifan The Kid na Criterion: Jackie Coogan Yana Ɗan Shekara Biyar

Faifan Blu-ray na The Kid, fim ɗin Charlie Chaplin marar murya, wanda kamfanin Criterion ya fitar a 2016, ya ci kuɗinsa, amma kafin a biya a fara duba na'urar gida. Faifan na shiyyar A ne, ta Amurka, alhali na'urorin da aka yi wa kasuwar Afirka da Turai na shiyyar B ne. In aka saka shi a irin waɗannan, gargaɗi kawai zai fito a allo, fim ba zai tashi ba. Sai an samu na'ura mai karɓar kowace shiyya. Ta DVD kuwa ba ta ma karanta shi.

Hoton tsohon fasali ne na 4:3, don haka baƙin fili zai rage a dama da hagu. A bar shi haka, domin in aka miƙe shi ya cika allo fuskar yaron za ta baje kamar faranti. A kuma kashe saitin talabijin mai santsantar da motsi da mai goge hoto. Ɗigo-ɗigon nan masu kama da tsaki na asalin fim ɗin ne, kuma gogewar tana tafiya da saƙar rigar yaron da ƙyallin hawayensa, waɗanda su ne ribar gyaran hoto mai kaifin 4K da aka yi wa fim ɗin.

Yaron kuwa shi ne dalilin sayen. An haifi Jackie Coogan a Los Angeles a 1914, kuma Charlie Chaplin ya fara ganinsa ne a dandamalin gidan wasan Orpheum, inda mahaifinsa ke wasa. An soma ɗauka a 1919, bai cika biyar ba, fim ya fito a 1921. Tunda ba murya, komai a ido da jiki yake. Chaplin kan yi motsin da kansa, yaron ya kwaikwaya, a yi ta maimaitawa. Abin da aka ɗauka ya ninka abin da ya shiga fim sau hamsin da ɗoriya. A dubi inda yake fasa tagogi da jifa don mariƙinsa, wanda Chaplin ya taka, ya samu aikin sa gilashi. Ya ja hannu zai yi jifa, sai hannun ya taɓo ɗan sanda a bayansa, nan take ya mayar da abin wasan cilla dutse, ya sulale. Babu gaggawa, babu satar kallon kyamara. Sai kuma wurin da ma'aikatan gidan marayu suka jefa shi bayan mota yana miƙo hannuwa. A kwafin da ke yawo a intanet fuskar takan zama farin dunƙule, a nan kuwa har rawar leɓensa ana gani.

Inda faifan ya gaza shi ne tsawo. Wannan sigar da Chaplin ya sake yankawa ce ya fitar a 1972, mai minti 53, da kiɗan da ya tsara da kansa. Ya cire fitowa uku na uwar yaron, wadda Edna Purviance ta taka, sai labarinta ya zama kamar an tsallake shafi. Guntayen suna cikin ƙarin kayan faifan, amma a ware, ba yadda za a kalli sigar 1921 a jere. Cikin ƙarin, bayanin Ben Model, masanin fina-finai marasa murya, ya fi amfani: ya nuna yadda mai kyamara ke rage saurin juya hannunta don gudu da faɗuwa su ƙara zafi a majigi. Akwai kuma bayanin Lisa Haven, masaniyar tarihin Chaplin, kan rayuwar Coogan, duk da cewa da Turanci yake.

Rayuwar ce ke sa kallon ya yi nauyi. Bayan wannan fim ya fito a Oliver Twist a 1922 tare da Lon Chaney, ana buga hotonsa a kayan wasa da tufafi, ya tara abin da aka ƙiyasta dala miliyan 3 zuwa 4. Mahaifinsa ya rasu a haɗarin mota a 1935. A 1938 ya kai mahaifiyarsa da mijinta Arthur Bernstein kotu, abin da ya tsira da shi dala 126,000 ne. Shari'ar ta haifar da dokar Coogan a Kalifoniya a 1939, wadda a yau ta wajabta ajiye kashi 15 cikin 100 na kuɗin yaro a asusun da iyaye ba sa taɓawa. Masu kallon talabijin na 1964 sun san shi ne a matsayin Uncle Fester mai sanƙo, a The Addams Family.