An hana ka kwangilar gwamnati: ma'aikata za ka nufa, hukumar ƙorafi ko kotu?

Ka yi kwana da kwanaki kana haɗa takardun neman kwangila, ka karɓo takardar lamuni daga banki, ranar buɗe ambulan kana zaune aka karanto farashinka, kuma babu wanda ya kai ka sauƙi. Bayan 'yan makonni sai ka ji wani aka ba. Zuciya za ta ce ka garzaya kotu. Dakata tukuna. Kafin ka ba lauya ko sisi, bincika ko an riga an sa hannu a yarjejeniyar. Kowace hanya za ka bi, amfaninta yana ga ko za ta iya tsayar da wannan sa hannun.

Mafi araha ita ce rubuta ƙorafi ga ma'aikatar da ta tallata aikin. A Najeriya, dokar sayen kayan gwamnati ta 2007 ta ba ka kwanakin aiki 15 daga ranar da ka san abin da ya faru, shugaban ma'aikatar kuma yana da wasu 15 ya amsa maka a rubuce. Gaskiya ba na sa rai sosai a nan, don wanda kake ƙara shi ne alƙalin. Amma kada ka tsallake ta. A nan ne za ka san dalilin da aka kayar da kai. Sau da yawa ba farashi ba ne: takardar shaidar biyan haraji ce ta ƙare, ko an manta sa hannu a shafi ɗaya. In haka ne, riƙe kuɗinka, ba ka da ƙara. In kuwa ka ga an auna ka da ma'aunin da babu shi a takardar talla, ko an bar wani ya gyara farashinsa bayan an rufe karɓa, to ka sami makami.

Ni dai inda nake ba kowa shawarar ya zuba ƙarfinsa shi ne hukumar sauraron ƙorafi da ke wajen ma'aikatar, saboda tana da sauri kuma tana iya dakatar da komai. A Kenya, dokar 2015 ta ba ɗan kwangila kwana 14 ya shigar da ƙorafi, hukumar ta yanke cikin kwana 21, kuma aikin yana tsaye har a gama. A Amurka, ofishin GAO, mai binciken yadda gwamnati ke kashe kuɗi, yana yanke hukunci cikin kwana 100, sai dai dakatarwar ba ta samuwa sai ka shigar cikin kwana 10 da bayar da kwangilar, ko kwana 5 bayan zaman bayanin dalilin kayar da kai da doka ta wajabta a yi maka. A Najeriya hukumar BPP ce, mai kula da sayen kayan gwamnati: kwanakin aiki 10 gare ka ka ɗaukaka ƙorafi bayan amsar ma'aikatar, ita kuma 21 ta yanke. Turai ta bi ta wata ƙofar. Bayan shari'ar kamfanin Alcatel ta 1999 a kotun Tarayyar Turai, Tarayyar ta kafa doka a 2007 cewa a jira aƙalla kwana 10 tsakanin sanar da wanda ya ci da sa hannu. Ka lura duk lissafin na kwanaki ne. Na taɓa ganin mutum da hujja a hannu, ya tsaya jiran wani babba ya sa masa baki, ya zo a makare da kwana biyu, ko buɗe fayil ɗinsa ba a yi ba. Har yau abin yana min ciwo, don da gaskiyarsa.

Kotu ta fi kowa iko, ta fi kowa tsada da jan lokaci. Kuma alƙali ba ya zama ya sake ba da maki. Abin da yake dubawa shi ne ko an bi ƙa'ida. Dubi Afirka ta Kudu. A 2013 Kotun Tsarin Mulki ta yarda da kamfanin AllPay cewa kwangilar biyan kuɗin tallafi da aka ba Cash Paymaster Services ta saɓa doka. Amma ba ta tsayar da aikin nan take ba, saboda miliyoyin tsofaffi da yara da ke jiran kuɗinsu kowane wata. AllPay ya ci shari'a, kwangilar ba ta dawo hannunsa ba. Diyya ma da wuya ta wuce abin da ka kashe wajen haɗa takardu, tunda kafin a biya ka ribar da ka rasa sai ka nuna kai ne za ka ci in da an yi daidai. Je kotu idan hukumar ta ƙi ka, kuma ranar farko ka nemi umarnin dakatarwa.

Hukumar yaƙi da cin hanci kuwa ta mai shaidar an karɓi na goro ce. Tana iya gurfanar da jami'i, ba ta iya miƙa maka aiki, kuma zuwa wurinta ba ya tsayar da wa'adin ƙorafinka.

Wajen zaɓen lauya, ajiye masa wasiƙar da aka aiko maka, ka tambaye shi kwana nawa suka rage. Wanda ya saba da aikin zai duba kwanan watan, ya ƙirga a gabanka, ya nemi takardar da ka rubuta farashin kowa ranar buɗe ambulan. Wanda ya ce ka dawo mako mai zuwa, ɗauki fayil ɗinka ka nemi wani a ranar.