Daren da na saurari mawaƙan Huddersfield

Shekara biyu ina aikin jinya a arewacin Ingila, kusan kullum sai na wuce ta gaban babban ɗakin taro na garin Huddersfield, amma ban taɓa leƙawa ba. Sai a Disambar da ta wuce wata dattijuwa maƙwabciyata, wadda ciwon ƙafa ya hana fita, ta miƙo mini tikitinta. Ta ce tun tana budurwa take zuwa, kuma ba ta son kujerarta ta kwana babu kowa. Haka na tsinci kaina a gaban ƙungiyar Huddersfield Choral Society, suna rera Messiah, doguwar waƙa kan Almasihu wadda mai tsara kiɗa Handel ya tsara, aka fara rera ta a Dublin a 1742.

Ni a Wusasa na tashi, na yi kwaya, wato ƙungiyar mawaƙan coci, tun ina yarinya, saboda haka na san wahalar haɗa murya huɗu su tafi tare. Nan kuwa mutum sama da ɗari ne suka jeru hawa-hawa a ƙarƙashin ƙatuwar ogan, abin kiɗan nan mai bututu irin na coci, ga masu goge da masu ƙaho a gabansu. Kafin a shiga ainihin waƙar, sai duk ɗakin ya miƙe aka rera wata tsohuwar waƙar Kirsimeti tare. Dattijon da ke gefena ko takarda bai duba ba.

Kowa yana maganar ƙarfin muryarsu, kuma gaskiya ne: da aka zo Halleluya, jama'a suka tashi tsaye bisa al'ada, har a ƙirjina na ji sautin. Amma abin da ya fi kama ni shi ne inda suka sassauta. A sashe na biyu, wurin labarin shan wahalar Almasihu, muryoyin nan duka suka yi ƙasa kamar mutum ɗaya ke numfashi, kuma kowane baƙi yana fita tsaf. Wanda ya taɓa tsayawa a kwaya ya san ɗaga murya ba wuya. Riƙe ta ne aikin.

Abin da ya sa nake ganin kuɗin tikitin nan halal ne, mutanen ba sana'arsu ke nan ba. 'Yan gari ne da na kewaye, kowa da aikinsa, sai da yamma su haɗu su yi bita, kuma ba a shiga sai an gwada muryarka. Haka abin yake tun 1836 da aka kafa ƙungiyar, lokacin da garin ya dogara da masaƙun ulu. Masaƙa da ƙananan 'yan kasuwa da suka koyi waƙa a majami'u su ne tushenta. A farko suna sa ranar haɗuwa kusa da cikar wata, don wanda ya tako daga ƙauyen kan tudu ya ga hanyar komawa gida. Da na ji wannan sai na tuna yadda muke dawowa daga bita a farin wata, muna ƙarasa waƙar a hanya.

Daga baya jagoran mawaƙa Malcolm Sargent ya jagorance su daga 1932 zuwa 1967, kuma faya-fayen da suka naɗa tare ne suka kai sunan garin ƙasashen duniya. Yanzu suna da kwayar yara da ta matasa, na kuma ga samari da 'yan mata cikin manyan.

Ga mai niyyar zuwa: a nemi tikiti da wuri, domin na Disamba rububinsa ake yi. Waƙar ta haura awa biyu, kalmominta kuma daga tsohon Turancin Littafi Mai Tsarki aka ɗauko su, don haka a sayi ɗan littafin shirin a bi da ido. Ni ayoyin Ishaya da na haddace da Hausa su suka taimake ni.

Da na dawo, fitilar maƙwabciyata na kunne, tana jirana. Ta tambaye ni ko masu siririyar murya sun kai ƙarshen Amin ɗin nan mai tsawo lafiya. Na ce mata sun kai, na zauna na rera mata ɗan abin da na riƙe.