Littafin dabbobi na yara: wanne za a saya, me za a duba?

Littattafan dabbobi da ake yi wa yara kashi uku ne, ko da yake mai sayarwa kan jera su wuri guda. Akwai na tatsuniya, inda zaki ke sarauta dila kuma ke wayo. Akwai na bayani, mai hotuna da sunaye da girman kowace dabba. Na ukun ya fi wuyar samu: shi ne mai ba da tarihin yadda mutane suka san dabbobin, da inda suka yi kuskure kafin a gyara.

Na tatsuniya ba shi da laifi muddin bai yi shigar littafin ilimi ba. Yaro ɗan shekara 3 zuwa 5 ya san zomo ba ya magana. Matsalar tana wajen littafin da ya gauraya biyun, ya kawo camfi cikin muryar malami.

Don haka a gwada littafin bayani tun kafin a biya kuɗi, minti biyu ya isa. Buɗe shafin jemage: in an ce makaho ne, ko an sa shi cikin tsuntsaye, ajiye littafin, domin jemage yana gani, yana haihuwa, yana shayarwa. Duba jimina: ba ta binne kanta a rairayi, ƙwanta take juyawa da baki a cikin ramin da ta saka su. Hawainiya kuwa ta fi canza launi don yi wa 'yan'uwanta ishara da daidaita zafin jiki. Gizo-gizo ƙafa 8 gare shi, ƙwaro 6. Mai zanen da bai ƙirga ƙafa ba, ba a sa ran ya kula da sauran.

Sai shekarar bugu, kuma a nan ake yawan cutar mai saye. Sabon bango ba ya nufin sabon rubutu. A bayan shafin farko akwai ƙananan rubutu da ke nuna shekarar bugun farko da ta gyara. Ta gyaran ce abin dubawa. Shafin dainoso, dabbobin zamanin da da suka ɓace daga duniya, shi ne ke saurin tona asiri. In an zana su a tsaye suna jan wutsiya a ƙasa, zanen ya girmi binciken shekarun 1970. In babu ko ɗaya mai gashi irin na tsuntsu, bai san abin da aka tono a lardin Liaoning na ƙasar Sin a 1996 ba. Haka giwar Afirka: littafin da ya ce jinsi ɗaya ce ya tsufa, yanzu ana raba ta daji mai duhu da ta fili.

Ga yaron da ya kai shekara 9 ko 10, kashi na uku ya fi cancantar kuɗin. Mai kyau zai nuna masa karkandar da mai zane Bajamushe Albrecht Dürer ya zana a 1515 ba tare da ya taɓa ganinta ba. An kawo dabbar birnin Lisbon na ƙasar Portugal daga Indiya, shi kuwa yana Jamus, sai ya dogara da wasiƙa da wani ƙaramin zane, ya yi mata sulke da ƙaramin ƙaho a doro, aka yi ta kwafar zanen nasa a littattafan Turai fiye da shekara 200. Zai nuna masa mai zane Maria Sibylla Merian, wadda ta tafi ƙasar Suriname a Kudancin Amurka a 1699 ta zauna tana kallon tsutsa har ta zama malam-buɗe-littafi, sannan ta zana kowane mataki a kan ganyen da tsutsar ke ci. A sa hotunan biyu gefe da gefe, yaro zai gane da kansa bambancin ji da gani. A kuma leƙa ko littafin ya fara tarihin ne daga Linnaeus kawai, masanin ƙasar Sweden da ya tsara rabe-raben halittu a littafinsa na 1735. Wanda ya tsallake Aristotle na tsohuwar Girka da Al-Jahiz na Basra, da ya yi babban littafi kan dabbobi a ƙarni na 9, ya yanke rabin labarin.

Hoto ko zane? Hoton kyamara ya fi burgewa, amma zanen ƙwararre ya fi nuna siffar baki da farce da fiffike. Abin da bai kamata a rasa ba shi ne ma'auni, kamar inuwar mutum a gefen dabba, in ba haka ba yaro zai ɗauka kusu da dorina girmansu ɗaya tunda kowanne ya cika shafi.

A ƙarshe, jikin littafin. Yaron da bai kai shekara 3 ba a ba shi mai shafukan kwali da gefe marar kaifi. Ga manya, buɗe tsakiyar littafin sosai: in ka ga zare, ɗinki ne, zai jure; in gam kaɗai ya riƙe shi, takarda mai sheƙi da nauyi kan fara zarewa daga tsakiya, musamman a wuri mai zafi. Masu hotuna da ke tasowa idan an buɗe shafi su suka fi saurin yagewa, kuma bayaninsu ya fi na kowa ƙaranci.